Diyya a Madadin Mayarwa Bakin Aiki: Tarken Matsayin Doka Game da Ma'aikatan Wucin Gadi a Kudancin Jihar Kano

1.0 Gabatarwa

Idan kotu ta tabbatar an kori ma'aikaci ba bisa ƙa'ida ba, hanyoyi biyu ne a gabanta: ko dai ta ba da umarni a mayar da shi bakin aikinsa, ko kuwa ta yanka wa wanda ya kore shi diyya. A Nijeriya, kamar a ƙasashe da dama, hanya ta biyu ce ta yi rinjaye, musamman idan wanda aka kora ma'aikacin wucin gadi ne. Manufar wannan takarda ita ce mu yi tarken wannan matsayi, watau mu dubi hujjojin da aka gina shi a kansu, sa'an nan mu auna su da halin zaman mutanen Bebeji da Ƙiru da Tudun Wada da Doguwa. Abin da za mu yi ƙoƙarin nunawa shi ne, diyya a karan kanta ba abin ƙi ba ce, amma mudun da ake awonta da shi ya sa mafi raunin ma'aikata ya zama mafi arhar kora.

A nan, in mun ce ma'aikacin wucin gadi, muna nufin duk wanda yake aiki a ƙarƙashin wani ba tare da an ɗauke shi dindindin ba. Wannan ya haɗa da mai yin 'yan sa'o'i a yini ko 'yan kwanaki a mako, da leburan da ake biya kullum, da wanda ake sabunta masa yarjejeniya duk bayan 'yan watanni.

2.0 Yanayin Aiki a Yankin

Waɗannan ƙananan hukumomi huɗu ƙasar noma ce. A Bebeji ne madatsar ruwa ta Tiga take, wadda aka kammala a 1974 zamanin Gwamna Audu Baƙo, kuma da ruwanta ake noman rani na shinkafa da alkama da tumatir a filayen Kadawa da Kura. Tudun Wada ta yi suna wajen shinkafa da masara, Doguwa kuwa ga masara ga dankalin Turawa, ga kuma Riruwai inda aka daɗe ana haƙar kuza tun zamanin mulkin mallaka. Dajin Falgore ya ratsa Tudun Wada da Doguwa, babbar hanyar Kano zuwa Zariya kuma ta bi ta Kwanar Dangora a ƙasar Ƙiru.

A irin wannan ƙasa, aikin albashi na dindindin kaɗan ne, kuma yawancinsa na gwamnati ne. Abin da ya fi yawa shi ne aikin wucin gadi: malamin da ƙungiyar iyaye da malamai take biya a makarantar firamare, da mai shara da mai gadi a asibitin ƙauye, da leburan injin casar shinkafa, da malamin makarantar kuɗi wanda ake lissafa masa darasi-darasi. Da wuya a sami wanda ya dogara ga wannan aiki kaɗai, domin kusan kowa yana da 'yar gonarsa. Amma fa wannan ɗan kuɗin wata shi ne abin sayen taki, shi ne zubin adashi, kuma shi ne dalilin da ya sa mai kanti yake yarda ya ba da bashi. Ya kamata mai karatu ya riƙe wannan, domin za mu komo kansa.

3.0 Abin da Doka ta Tanada

Tushen maganar yana cikin dokar Ingila da muka gada, wadda take kallon aiki a matsayin alaƙar ubangida da baransa. A ƙa'idar wannan doka, kotu ba ta ɗora wa ubangida baran da ba ya so, ko da baran yana son aikin. Abin da kawai ubangida zai biya shi ne kuɗin notis, watau albashin wa'adin da ya kamata ya sanar kafin kora. Kotun Ƙoli ta jaddada wannan a shari'ar Chukwumah da kamfanin Shell a 1993.

Dokar Ƙwadago ta 1974, wadda har yanzu da ita ake aiki, ta ƙayyade mafi ƙarancin wannan wa'adi a sashe na 11. Wanda bai wuce wata 3 ba, kwana ɗaya. Daga wata 3 zuwa shekara 2, mako ɗaya. Daga shekara 2 zuwa 5, mako biyu. Daga shekara 5 zuwa sama, wata ɗaya. Sashen ya kuma halatta a biya kuɗi a madadin wa'adin. Sashe na 7 kuwa ya wajabta wa mai ɗaukar aiki ya ba ma'aikaci takarda mai bayanin sharuɗɗan aikinsa kafin cikar wata 3.

Akwai togiya guda babba. Idan aikin mutum doka ce ta kafa shi, ta kuma shimfiɗa yadda za a raba shi da shi, to kotu tana soke korar ta mayar da shi. Haka Kotun Ƙoli ta yi a shari'ar Shitta-Bey da Hukumar Ma'aikata ta Tarayya a 1981, da kuma shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas a 1985, inda aka mayar da shehunan malamai bakin aikinsu. Sai dai wannan kariya ta tabbatattun ma'aikata ce. Mai sharar asibiti da ba a tabbatar da ita ba, ko da hukuma take yi wa aiki, ba ta shiga ciki ba.

An sami canji daga baya. Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1976, ta sami sabuwar doka a 2006, sa'an nan gyara na uku da aka yi wa tsarin mulki a 2010 ya ba ta iko, a sashe na 254C, ta duba rashin adalci a harkar ƙwadago, ta kuma yi la'akari da kyawawan ƙa'idojin duniya. Da wannan iko ta fara cewa kora ba tare da dalili ba rashin adalci ce, ta kuma fara yanka diyyar da ta wuce kuɗin notis. A 2020 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta amince da albashin shekara 2 a matsayin diyya a shari'ar kamfanin Sahara Energy da Oyebola. Wannan ci gaba ne babu shakka. To amma za a lura cewa ci gaban ya tsaya ga yawan kuɗi, kuma waɗanda suka fi cin moriyarsa ma'aikatan bankuna ne da manyan kamfanoni, masu takardu da lauyoyi.

Dangane da mai aikin 'yan sa'o'i, dokokinmu suna tufka da warwara. Dokar biyan diyyar rauni a wurin aiki ta 2010 ta ambace shi ƙarara cikin waɗanda take karewa. Dokar mafi ƙarancin albashi ta 2019 kuwa ta cire shi, ta cire mai aikin lokaci-lokaci irin na gona, ta kuma cire wurin da ma'aikatansa ba su kai 25 ba. Saboda haka naira 70,000 da aka tsayar a 2024 ba ta hau kansa ba. Idan aka duba da kyau, waɗannan rukunai uku da aka cire su ne ainihin ma'aikatan yankin da muke magana a kai.

4.0 Hujjojin Masu Fifita Diyya

Adalci ne mu kawo hujjojin masu fifita diyya da ƙarfinsu, kuma ba mu san inda aka fayyace su kamar ƙasar Indiya ba. Dokar sasanta rikicin ƙwadago ta 1947 ta can ta tanadi cewa wanda ya yi aikin kwana 240 a shekara ba za a sallame shi ba sai da notis na wata ɗaya da albashin kwana 15 a kan kowace shekarar aiki. Da farko kotunan ƙasar suna mayar da duk wanda aka kora ba tare da cika wannan sharaɗi ba. Daga baya Kotun Ƙolinsu ta sauya, musamman a shari'ar Jagbir Singh a 2009 da ta kamfanin tarho na BSNL da Bhurumal a 2013, ta ce ga leburan kullum diyya ta wadatar.

Hujjojin uku ne. Ta farko, aiki ya ginu ne a kan yarda, in yarda ta ƙare tilasta zama tare zaman doya da manja ne. Ta biyu, ma'aikacin wucin gadi ba shi da gurbi tabbatacce da za a mayar da shi. Ko an mayar da shi yau, ana iya biyansa haƙƙinsa a sake sallamarsa gobe bisa ƙa'ida. Ta uku, shari'a takan ɗauki shekaru, kafin a yanke hukunci aikin ya ƙare ko an ba wani.

5.0 Tarken Hujjojin

5.1 Hujjar yarda

Wannan hujja tana da ƙarfi inda alaƙar ta mutum da mutum ce. Manomin Doguwa da ya ɗauki ɗan ƙwadago, ko mai injin casa da ke da yara biyar, ba mai hankalin da zai ce a tilasta masa zama da wanda suka ɓata. Amma yawancin aikin wucin gadi mai ɗorewa a wannan yanki na hukuma ne, hukuma kuwa ba ta da zuciyar da za ta ɓaci. Shugaban makaranta yana canzawa, shugaban ƙaramar hukuma yana canzawa, aji yana nan, shara tana nan. Sau da yawa ma canjin shugaba shi ne musabbabin korar, domin sabon zuwa yana da nasa mutanen. Idan doka ta yarda a mayar da shehun malami jami'ar da ta kore shi, ba tare da tsoron ɓacin yarda ba, da wane dalili za a ce yarda ta hana mayar da mai gadin ƙofar makaranta? Bambancin da ke tsakaninsu takardar tabbatarwa ce, kuma wanda ya yi korar shi ne ya hana takardar.

5.2 Hujjar rashin gurbi

A nan ne muke ganin babban kuskure. Mutumin da ya shekara bakwai yana koyarwa a firamaren ƙauye a kan ɗan abin da bai taka kara ya karya ba, ba don daɗin kuɗin ya zauna ba. Ya zauna ne a layi, yana jiran ranar da za a buɗe ɗaukar ma'aikata a ce a fara da waɗanda suke ciki. Wannan matsayi nasa a layi shi ne jarinsa, kuma da ƙuruciyarsa ya saye shi. Mayarwa bakin aiki tana dawo masa da shi, diyya kuwa ba ta dawo da shi. Haka kuma, aikin da aka shekara bakwai ana yi ba a fasa ba, sunansa ne kawai wucin gadi. Gurbin yana nan, rubuta shi ne ba a yi ba. Kotun da ta ce babu gurbi ta ba mai laifi ladan laifinsa ke nan, tun da shi ne ya saɓa wa sashe na 7. Abin lura shi ne, ita kanta kotun Indiya ta yi togiya a shari'ar 2013: inda aka kori na gaba aka bar na baya, ko aka yi rashin adalci da gangan, mayarwa ce ƙa'ida. Masu aron wannan hukunci sukan ɗauki rabinsa su bar rabin.

5.3 Hujjar jinkiri

Gaskiya ne jinkiri yana ɓata mayarwa. Amma wa jinkirin yake amfana? Kotun Ma'aikata tana zama a birnin Kano, daga Riruwai zuwa can kuwa tafiyar fiye da kilomita 100 ce. Duk ɗage zama kuɗin mota ne da asarar yini a gona ga mai ƙara, alhali wanda ake ƙara yana da lauya a birni. Idan tsawon shari'a ya zama hujjar hana mayarwa, to an koya wa mai ƙarfi ya ja shari'a ke nan.

5.4 Mudun awo

Mu ƙaddara mai shara tana karɓar naira 20,000 a wata, ta yi shekara 4, aka kore ta ba dalili. A tsohuwar ƙa'ida haƙƙinta albashin mako biyu ne, watau wajen naira 10,000, abin da ba zai kai ta Kano sau biyu ta dawo ba, balle kuɗin lauya. Ko da an bi sabuwar hanya an ninka albashinta sau da yawa, tushen lissafin albashi ne wanda doka ta riga ta ƙyale a karya shi. Ashe an cuce ta sau biyu: an biya ta ƙasa da ƙima tana aiki, sa'an nan an yi amfani da wannan ƙarancin wajen rage mata diyya. Diyyar da ba ta kai kuɗin nemanta ba, suna ce kawai. Ga mai kora kuwa, ta zama farashi sananne, mai araha, wanda zai iya sawa cikin kasafinsa tun kafin ya yi korar.

Bugu da ƙari, wannan mudu bai san damina da rani ba. Wanda aka kora a watan Afrilu yana iya komawa gona da ƙarfinsa. Wanda aka kora a watan Agusta, bayan ya ba da aron gonarsa ko ya rage shuka saboda aiki, ya yi asarar shekara guda. Wanda aka kora a tsakiyar rani kuwa ya riga ya rasa tafiya ci-rani, 'yan uwansa sun kama wuri. A lissafin kotu duk waɗannan korar ɗaya ce, a rumbun mutum kuwa ba ɗaya ba ce.

6.0 Darasi daga Waɗansu Wurare

Yarjejeniya ta 158 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya, ta 1982, ta ce ba a kora sai da ingantaccen dalili, kuma a sashenta na 10 ta ambaci diyya ne a inda mayarwa ba ta yiwu ba, ta kuma sharɗanta diyyar ta zama isasshiya. Ta halatta a cire mai aikin ɗan gajeren lokaci, amma ta nemi a toshe ƙofar fakewa da gajerun yarjejeniyoyi don kauce wa doka. Jamhuriyar Nijar ta amince da ita a 1985, Nijeriya kuwa ba ta amince ba, haka nan Yarjejeniya ta 175 ta 1994 a kan masu aikin 'yan sa'o'i.

Afirka ta Kudu, a dokarta ta 1995, ta mai da mayarwa ita ce asali, diyya kuma togiya, sai in ma'aikacin ba ya so, ko zaman ba zai jure ba, ko mayarwar ba za ta yiwu ba, ko kuwa kuskuren na bin matakai ne kawai. Italiya ta bi akasin haka: a 2015 ta rage mayarwar da dokar 1970 ta tanada, ta ɗora diyya a kan albashin wata 2 ga kowace shekarar aiki. A 2018 kotun tsarin mulkin ƙasar ta soke wannan lissafi, domin ya ɗaure hannun alƙali, bai kuma dubi ainihin asarar mutum ba. Wannan ya yi daidai da abin da muka faɗa game da damina da rani.

Ba sai mun je nesa ba ma. A fiƙihun Malikiyya da mutanenmu suka saba da shi, ijara yarjejeniya ce mai ɗaurewa, ba a warware ta da son rai kafin wa'adi. A al'adar Hausa kuma kalmar sallama ma'ana biyu gare ta, rabuwa da kuma abin da ake ba wanda aka rabu da shi. Ubangidan da yaronsa ya daɗe yana yi masa hidima, in zai sallame shi, jari yake ba shi gwargwadon daɗewarsa da abin da zai tsayar da shi da ƙafarsa, wanda ya gaza haka kuwa gari ya zage shi. Dokar da muka gada ta ɗauki sunan ubangida da bara, ta bar nauyin da al'adarmu ta ɗora wa ubangida.

7.0 Shawarwari

Bisa ga abin da ya gabata, muna ba da shawarwari huɗu. Ta farko, inda mai ɗaukar aiki bai ba da takardar sashe na 7 ba, nauyin kawo hujja ya koma kansa, a kuma karɓi rajistar halarta da shaidar abokan aiki da ta mai unguwa wajen tabbatar da daɗewar ma'aikaci. Ta biyu, mayarwa ta zama asali idan mai korar hukuma ce ko babban kamfani, kuma aikin yana nan ko an ɗauki wani a gurbin, amma a bar wa ma'aikacin zaɓi in ya fi son kuɗi. Ta uku, ga ƙananan masu ɗaukar aiki a tsaya ga diyya, sai dai a lissafa ta da mafi ƙarancin albashin ƙasa gwargwadon sa'o'in aiki, a dubi yawan shekaru da lokacin da korar ta faɗo, a kuma sa mata ƙasan da zai kai mutum ga kaka ta gaba. Ta huɗu, a kusanto da sulhu ga jama'a, jami'an ƙwadago su riƙa zama lokaci-lokaci a hedikwatocin waɗannan ƙananan hukumomi, a yi zaman da Hausa, ƙungiyoyin ƙwadago kuma su buɗe ƙofarsu ga waɗanda ba a tabbatar ba.

8.0 Kammalawa

A wannan takarda mun bi diddigin ƙa'idar fifita diyya tun daga dokar Ingila zuwa hukunce-hukuncen baya-bayan nan, mun kuma auna hujjojinta uku da halin kudancin Jihar Kano. Mun ga cewa hujjar yarda ta dace da ƙaramin ubangida amma ba ta dace da hukuma ba, hujjar rashin gurbi tana saka wa wanda ya ƙi rubuta gurbin, hujjar jinkiri kuma tana ƙarfafa mai jan shari'a. Makarantar Horar da Lauyoyi ta Nijeriya tana da reshe a Bagauda, cikin ƙasar Bebeji, kuma duk shekara tana yaye ɗaliban da wata rana za su zauna kujerar alƙalanci. Muna fatan su da malamansu, da 'yan majalisar da suke wakiltar Ƙiru da Bebeji da Tudun Wada da Doguwa, za su sa wannan batu a gaba, domin mutanen da abin ya shafa maƙwabtansu ne.